Kwanon Pak Karso

A ƙauyenmu in ka tambayi gidan Rubinem, dubanka kawai za a yi. Amma ka ce Mbok Karso mai tempe, curin waken suyan nan da muke soyawa, sai ka ga hannuwa sun nuna maka hanya ɗaya, gidan da ke bayan masallacin unguwa, mai itacen jati mai faɗin ganye a ƙofa. Ni kaɗai na rage da ke kiranta Yu Rubinem, wato Yaya Rubinem, kuma ko ni ɗin sai in ina son in ba ta haushi. Matar wana ce. Ni ce Painah, a gida Nah, ƙanwar mijinta, kuma sama da shekara hamsin ke nan shingen rogo ne kawai ya raba gidana da nata. Kajina sun sha cin waken suyarta, awakinta su ma ba su bar mini ganye ba, don haka ba wadda za ta ɗaga wa wata murya.

Daga ƙauyen da ke bayan tafki aka kawo ta, 'yar wani mai ƙona gawayi. Gajeriya ce mai kaurin ƙwauri, irin matan duwatsun nan namu na kudu da Wonosari, da suka tashi suna hawa da sauka da tulu a baya. Ba ta da yawan magana. Amma in ta yi shiru a gida kowa ya san laifinsa, har kyanwa.

Wana kuwa sunansa Rebo, don ranar Laraba aka haife shi, kuma mahaifinmu ba mutum ba ne mai wahalar da kansa wajen neman suna. Ranar ɗaurin aure, da aka ci aka sha, dattawa suka zauna suka ba shi sunan girma, kamar yadda ake yi wa kowane ango a zamanin: Karsodimejo. Rebo mai kiwon shanun mutane ne ya kwanta a daren, da safe Pak Karso, wato Baba Karso, ya tashi. Amaryar ma nata sunan ya bi ruwa, ta zama Mbok Karso, wato Inna Karso. Washegari na shigo da gudu ina cewa “Kang Rebo,” wato Yaya Rebo, innarmu ta make mini baki a gaban amarya. Tun daga ranar na koma cewa Kang kawai, na huta.

Ita Yu Rubinem ba ta taɓa faɗar ko ɗaya daga cikin sunayen biyu ba. Kafin ta haihu, da gyaran murya take kiransa. Da ta haifi Marsini sai ya zama Pakne, baban yara, ita kuma ta zama Mbokne, innar yara, a bakinsa. Na tuna wani dillalin shanu da ya tsaya a ƙofarta yana tambayar ko gidan wa ne. Ta dube shi, ta dubi ƙasa, sannan ta jawo Marsini da ke wasa da ƙwaryar kwakwa ta ce, “Faɗa masa sunan ubanki.” Yarinyar ba ta gama iya magana ba a lokacin. Mutumin ya tafi yana neman gidan wani Pak Aso.

Tempe ne ya riƙe gidan. Shi yana noman rogo da gyaɗa a tsakanin duwatsu, inda ƙasa ta ɗan taru, abin da gona ta bayar kuwa ba ya kai su wata damina. Ita ce ke jiƙa wake, ta tattake shi da ƙafa har ɓawon ya fita, ta dafa, ta naɗe a ganyen jati, ranar kasuwa ta ɗaure kwando a baya ta bi hanya tun kafin rana ta yi zafi. A shekarun fari, lokacin da tafki ya ƙafe muka koma shiga kogo neman ruwa, tiwul muke ci safe da yamma, garin busasshen rogo da ake turarawa, wani lokaci ko gishiri babu. A irin wannan shekara ce ɗanta na biyu ya rasu da gudawa. Su biyu suka kai shi bayan tudu, shi da gawar a hannu, ita da fartanya. Ban taɓa jin ta yi maganar ba, ni ma ban taɓa tambaya ba. Bayan shi ta haifi maza biyu, duk suka girma suka tafi neman abinci a wasu tsibirai, Marsini kuma ta yi aure a Jakarta.

Wana bai yi karatu ba, amma Allah ya ba shi baki. Harshenmu hawa biyu ne, na gida da na girmamawa, shi kuwa ya iya na girmamawa kamar wanda ya tashi a fada. In za a je neman aure a unguwa, shi ake sawa gaba. A gida kuwa mutum ne mai tsokana. Yakan ce tempen Mbokne ya fi ta laushin hali. Ita kuma takan ce, ba tare da ta ɗago daga aikinta ba, “To ka aure shi mana, Pakne.”

Gigin tsufa bai zo masa da hayaniya ba. Zai ɗaure saniya, ya zagayo yana tambayar wa ya sace ta. Zai fito daga masallaci ya wuce gidansa ya zo ya tsaya a garken awakina, inda ɗakin mahaifinmu yake a dā, yana neman ƙofa. Muka yi ta dariya, shi ma yana taya mu. Yu Rubinem ta daina zuwa kasuwa, ta koma sayar da tempe a ƙofar gida, ta ce wai gwiwa ce ke damunta. Ƙarya take yi, gwiwar nan ta fi tawa lafiya.

Wata safiya ta tsallako shinge ta same ni ina tankaɗe. Ba ta yi sallama ba. Ta zauna a kan turmi, na dube ta na ce, “Yu, in kajina ne, yanka ɗaya ki ci mu huta.”

“Ya yi mini maganar baƙi,” in ji ta.

“Wa?”

“Wanki. Na kai masa shayi, ya miƙe tsaye ya rusuna. Ya ce, ‘Bu, ku yi haƙuri, masu gidan ba sa nan. Ku zauna, yanzu inna za ta dawo daga tafki.’”

Innarmu ta shekara talatin a kabari. Amma ba wannan ne ya kawo ta gidana ba. Mutumin da tun tana amarya yake ce mata “ke”, yau ya ce mata “ku”, ya kira ta Bu, yadda ake kiran baƙuwar dattijuwa, ya kuma share mata gadon gora da hannunsa kamar matar dagaci ce ta zo.

Daga nan ne ya fara barin abinci. Za ta kawo masa kwano ta ce, “Pakne, ga abinci,” sai ya waiwaya bayansa ya ga wa ake nufi. Ya ɗan tsakuri loma ɗaya don kunya, ya ture. Wando ya fara zame masa. Aka kai shi asibitin gunduma a bayan babur, likita ta duba shi sosai, ta ce cikinsa lafiya lau, haƙora ma da sauransu, kan ne ke tafiya, kuma wannan ba ta da maganin dawo da shi. Ta ce a yi duk yadda za a yi ya ci, don a shekarunsa yunwa ba ta jira.

Sai ga Marsini daga Jakarta, da jaka cike da madarar gwangwani da wani littafi mai kauri. Wasu iyalai ne, in ji ta, da iyayensu suka yi irin wannan ciwo, suka rubuta yadda suka yi fama. Ta zauna a tsakar gida tana karanta mana tana juyawa zuwa harshenmu, ni da uwarta muna naɗe tempe. Ban raina littafin ba. Akwai wata mata a ciki da mijinta ke ɓoye takalma a tukunya, na ce ashe ba mu kaɗai ba ne, har can ma ana yi. Yu Rubinem kanta sai da ta ce a maimaita mata wani wuri, inda matar ta ce takan shiga makewayi ta yi kukanta ta wanke fuska ta fito.

“Ga abin da ya fi muhimmanci, Mbok,” in ji Marsini, tana buga shafi da yatsa. “Sun ce a riƙa kiransa da sunansa, a fili, a gabansa, a kowane lokaci. Sunan mutum shi ne abu na ƙarshe da yake mantawa.”

“To ki kira,” in ji uwar.

“Ke ma za ki kira.”

“Na haifi mai kira mini.”

Aka bi unguwa aka gaya wa kowa. Mutanenmu kuwa in aka ba su aikin lada ba sa yin rabi. Duk wanda ya wuce sai ya leƙo ya ɗaga murya ya gaida shi a matsayin kaka, “Mbah Karso, an tashi lafiya?” Liman ya zo ya kira sunan gaba ɗayansa, Karsodimejo, kamar mai ɗaurin aure. Marsini ta riƙa durƙusawa a gabansa da kwano tana cewa, “Wannan abincin Pak Karso ne. Pak Karso zai ci yanzu.”

Abin da ya biyo baya ba wanda ya zata. Da ya ji haka sai ya karɓi kwanon da hannu biyu, ya nemo ganyen ayaba ya rufe shi, ya ɗora a kan tebur, ya zauna a gefe yana korar ƙuda. Loma ɗayar da yake tsakura a dā ma ya daina. Ya ɗauki tsintsiya ya share ƙofar gida, ya dawo ya tsaya yana leƙen hanya. In aka matsa masa ya ci, sai ya haɗa hannuwa ya ce, “A'a, ku rufa mini asiri. Ai baƙon bai iso ba.”

Mu duka ba wanda ya gane. Muka ce ciwon ne ya ƙaru. Hutun Marsini ya ƙare ta koma tana kuka, ta bar littafin a kan kabad. Shi kuma ya koma shayi da ruwa, idanu suka faɗa, ya fara dafa bango in zai tashi.

Fushina ne ya tona abin, ba wayona ba. Wata rana da azahar na shigo na same shi zaune yana gadin kwano, miyar ɗanyen barkono da madarar kwakwa tana ta hucewa, ga Yu Rubinem a bakin madafi ta zuba masa ido. Raina ya ɓaci. Na manta shekaruna, na manta marin innarmu, na ce, “Kai dai Kang Rebo tun kana yaro kake da taurin kai. Abinci na gabanka kana wa mutane iyayi.”

Ya juyo da sauri. Fuskarsa ta washe yadda na daɗe ban gani ba.

“Nah, ashe ke ce. Ina kika shiga? Yunwa nake ji kamar in mutu.”

“Ga abinci nan a gabanka.”

Ya rage murya, ya nuna kwanon da haɓa. “Ba nawa ba ne. Na wani Pak Karso ne, babban mutum ne, kowa maganarsa yake yi. In na taɓa, inna za ta kashe ni.”

Ashe duk kiran da muke yi, wani muke kira masa. Shi ya koma can baya, kafin dattawa su ba shi sunan, ya koma yaron da aka koya wa cewa ba a taɓa kwanon manya ko da yunwa za ta kashe ka. Mun sa shi gadin abincinsa da bakinmu. Littafin bai yi ƙarya ba, waɗanda suka rubuta shi dai suna ɗaya suke da shi tun daga haihuwa har kabari.

Na juye abincin a wani tsohon kwanon roba na ce, “Wannan naka ne, Kang Rebo.” Ya cinye tas, ya lashe yatsu, ya tambaya ko da saura. Na yi murna. Da na waiwaya in ga murnar Yu Rubinem, sai na ga ta juya baya tana hura wutar da ke ci da kanta.

Haka muka shiga sabon zama. Ita ce ke dafawa, ita ke wanke shi in ya ɓata jikinsa, ita ke bin sa in ya kama hanyar tafki, ita ke wanke zannuwa tana shanyawa a bayan gida inda ba mai gani. Ni kuma sai in tsallako shinge in miƙa kwano in faɗi suna, a ce ni ce mai ciyar da shi. Yana yi mini hira, yana tsokanata da wani saurayi mai kunnuwa da ya mutu tun tuni. Ita kuwa in ta gifta sai ya gyara zama ya ce, “Bu, sannunku da aiki.” Wata rana har ya raɗa mini, “Matar nan tana da kirki, amma ba ta da gida ne?” Ta ji. Na san ta ji, don buta ta faɗi daga hannunta.

Ba wanda zai iya karɓata a wannan aiki. Yaran unguwa ba su isa su kira dattijo da sunan yarinta ba, ko an biya su. 'Ya'yansa kuwa gara su haɗiye harshensu. Sa'o'insa da suka yi kiwo tare duk sun riga shi, sai mutum ɗaya, shi ma yana kwance ba ya ji ba ya gani. Daga ni sai ita.

Sai waya ta zo daga Lampung, can a wani tsibiri. 'Yata Tumini ta haihu da tiyata, ciwon ya ƙi warkewa, mijin yana gonar roba ba ya dawowa sai dare, ga jariri ga yara biyu. Ba tafiyar mako ba ce, ta watanni ce. Na ajiye wayar na tsallaka shinge.

“Yu, zan tafi. Dole ki koyi faɗa.”

Tana tattaka wake a cikin baho, ba ta tsaya ba. “Zan ce masa Kang, kamar yadda kike yi.”

“Kin gwada jiya, ina kallonki. Ya ce ki ajiye wa baƙo.”

“Zan ɗaura zanenki.”

“Kansa ne ya tafi, ba idonsa ba. Ni doguwa ce, ke kuwa kamar turmi. Gaɓa biyu ce fa, Yu. Re, bo. Akuyata ma ta kusa faɗa.”

“Bakina bai saba ba.”

“Ya saba zagin kajina ai. Kunyar wa kike ji? Innarmu ta mutu, dattawan da suka raɗa sunan sun zama ƙasa. Ko so kike in dawo in tarar an yi sadakar bakwai, ki ce mini ai kin riƙe ladabi?”

Na yi mugun faɗi, na sani. Ta fito daga bahon, ta zauna a ƙasa, ƙafafunta duk ɓawon wake.

“Nah, ke kin san Rebo,” in ji ta. “Ni ban san shi ba. Ranar da aka kawo ni gidan nan, ranar aka ajiye sunan nan. Rebo ba shi da mata. Ba shi da Marsini. Ba shi ne ya ɗauki yaro muka je bayan tudu ba. Yanzu in ya ce mini Bu, ina cewa a raina mantuwa ce, gobe zai tuna. Amma in ni da bakina na kira shi Rebo, ya amsa, to na yarda ke nan. Ni wace ce a gidan nan?”

Duk zamanmu ina ɗauka kunya ce irin ta matan dā. Na ji tausayinta, na kuma ji haushin wana, wanda ba shi da laifin komai. Na durƙusa na taya ta tsince ɓawon wake har muka gama.

Ana gobe zan tafi na ƙi tsallaka shinge. Na zauna a ɗakina ina ɗaure kaya, ina jin ta tana cewa, “Ga abinci,” ina jin shi yana cewa, “Na gode, Bu, ku ajiye masa.” Da rana haka, da yamma haka. Sau biyu na kai hannu ga ƙofa na fasa. In na je yau, gobe fa?

Da safe mai babur ɗin da zai kai ni tasha ya zo ya tsaya a bakin hanya. Na ce ya ɗan jira in yi sallama. Na tarar Yu Rubinem ta rufe ƙofar gaba da tagogi, abin da ba ta yi da rana, don haka na zagaya ta madafi. A nan na tsaya, a bayan labule.

Ta yi wanka, ta taje kai ta ɗaure, ta sa rigarta ta zuwa biki, mai ruwan ƙasa, wadda ta yi mata yawa yanzu. Kamar mai shirin gaida wanda ba ta taɓa gani ba. Shi yana zaune a gadon gora, hannuwa a cinya, ƙasusuwan wuyansa duk a waje. Ta zauna a gefensa da kwanon roba, tiwul da soyayyen tempe. Ta buɗe baki ta rufe. Ta yi gyaran murya irin na amarcinta, bai ko motsa ba.

“Rebo,” in ji ta.

Da ƙyar na ji muryar. Amma shi ya ji. Ya ɗago kai.

“Na'am.”

“Ga abincinka. Naka ne, ba na kowa ba.”

Ya dubi kwanon, ya dubi ƙofa. “Baƙon fa?”

“Ba zai zo yau ba. Ya ce ka ci.”

Ya sa hannu. Loma ta farko ya yi ta a hankali yana satar kallonta, ta biyu kuwa ko kallo babu. Ta tsiyaya masa ruwa, ta cire masa wani gari da ya maƙale a gemu. Ya ci fiye da rabi kafin ya sake magana, kuma da ya yi, da harshen gida ya yi.

“Yu, ke a ina kike? Kullum ina ganinki a gidanmu.”

“Nan kusa.”

“Ba ki da miji ne?”

“Ina da shi.”

“Wane ne? Ko na san shi.”

Mai babur ya danna ham a waje. Na ga ta damƙe bakin rigarta. Na ce a raina yanzu za ta tashi ta ce wuta na jiranta. Ba ta tashi ba.

“Karsodimejo,” in ji ta, a fili, gaɓa bayan gaɓa, kamar mai ɗanɗana abin da ta daɗe tana dafa wa wasu.

“Au, mai kwanon? Shi ne mijinki?” Ya girgiza kai yana tauna. “Kullum ana ajiye masa abinci ba ya zuwa. Ya bar ki ke kaɗai kina ta wahala a gidan mutane. Ni ko ganinsa ban taɓa yi ba.”

“Ni na gan shi.”

“Wane irin mutum ne?”

Ta goge ido da bayan hannu, ta gyara zama, ta tura masa sauran tempen gabansa.

“Ci, in ba ka labarinsa. Da tsawo, sai ka ƙara loma.”

Mai babur ya sake danna ham. Na ɗauki jakata na fita ta inda na shigo, ban yi sallama ba, ina kuka ina jan hanci kamar yarinya. Ina tsallaka shinge na ji ta fara.

“Da farko dai, mutum ne da ya iya magana a gaban manya, amma bai iya ɗaure saniya ba.”

Na ji wana ya tuntsire da dariya da abinci a baki, yana cewa ta ci gaba.